Farauta da Sarauta a Zane-zanen Makidoniya ta Dā

1.0 Gabatarwa

A shekarar 327 kafin Miladiyya (K.M.), a ƙasar Baktiriya, wato arewacin Afganistan ta yau, wani matashi mai suna Hermolaus ya fita farauta tare da ubangidansa, Sarkin Makidoniya Iskandar ɗan Filibus. Wani aladen daji ya taso wa sarki, sai yaron ya riga shi suka, dabbar ta faɗi. A maimakon tukuici, bulala ya sha a gaban tsararrakinsa, aka kuma ƙwace dokinsa. Takaicin wannan wulaƙanci ne ya sa ya haɗa baki da wasu yaran fada domin su kashe sarki yana barci. Asirinsu ya tonu, aka kashe su, har ma abin ya rutsa da Kallisthenes, marubucin tarihin fada kuma ɗan'uwan Aristotal. Marubutan dā irin su Arrian da Curtius duk sun kawo wannan labari.

Wanda bai san Makidoniya ba zai yi mamakin yadda alade guda ya jawo asarar rayuka haka. Amma a waccan fada farauta ta wuce neman nama ko motsa jini. A fagenta ake gane wanda yake gaba da wanda yake biye, da wanda aka yarda ya tsaya kusa da sarki da makami a hannu. Manufar wannan maƙala ita ce ta dubi yadda masu zane da masu sassaƙa suka nuna wannan al'amari, musamman a ƙarni na 4 K.M., ta kuma nuna cewa abin da ya fi damun waɗanda suka biya kuɗin aikin shi ne a ga wanda yake tsaye a gefen sarki a lokacin da zaki ya taso.

2.0 Matsayin Farauta a Fadar Makidoniya

Makidoniya ƙasa ce ta duwatsu da dazuzzuka a arewacin Girka, kuma sarautarta ta sha bamban da mulkin biranen kudu irin su Atina. Sarki yana zaune ne a tsakiyar wasu manyan mutane masu dawaki da filaye, waɗanda ake kira hetairoi, ma'ana abokan sarki. Da su yake ci, da su yake sha, da su yake yaƙi, kuma da yawa daga cikin sarakunan gidan a hannun na kusa da su suka mutu. Sarki Archelaus, alal misali, a wajen farauta aka kashe shi a shekarar 399 K.M., kuma wani yaronsa na hannun dama ne ya soke shi. Diodorus ya ce kuskure ne, Aristotal kuwa ya lissafa abin cikin kisan gilla.

Athenaeus ya ruwaito wata al'ada da ke nuna nauyin farauta a wurinsu. Girkawa masu hali a kishingiɗe suke cin abincin biki, to amma a Makidoniya ba a yarda namiji ya kishingiɗa ba sai ya soke aladen daji da mashi ba tare da raga ba. Ya ƙara da cewa Kassander ɗan Antipater ya kai shekara 35 yana cin abinci a zaune a gaban mahaifinsa saboda bai cika wannan sharaɗi ba, alhali jarumi ne kuma gwanin farauta. Ya kamata a riƙe sunan wannan mutum, domin zai sake ɓullowa a gaba.

Daɗin daɗawa, akwai tsarin yaran sarki, wanda Arrian ya danganta da zamanin Filibus na II (359–336 K.M.). Manyan ƙasa kan aiko da 'ya'yansu maza fada idan sun fara tasawa, su yi gadin ɗakin barcin sarki, su kawo masa doki, su raka shi farauta. Makaranta ce ta fitar da kwamandoji, kuma a lokaci guda garkuwa ce, domin wanda ɗansa yake hannun sarki ba ya saurin tawaye. Hermolaus ɗaya ne daga cikinsu.

Tsofaffin hotunan farauta da suka iso gare mu daga wannan gida a kan kuɗi suke. Manyan kuɗin azurfa na Iskandar na I, a farkon ƙarni na 5 K.M., suna ɗauke da mahayi sanye da malfa, riƙe da masu biyu, wani lokaci da kare a ƙarƙashin doki. Wani kuɗin Amyntas na III, mahaifin Filibus, ya fi wannan fitowa fili: a fuska ɗaya mahayi ya ɗaga mashi zai yi suka, a ɗaya fuskar kuma zaki yana tauna karyayyen mashi. Sai an juya kuɗin ake ganin abin da mahayin yake nufa. Gidan sarautar ya kuma yi iƙirarin cewa daga Herakles ya fito, gwarzon tatsuniyoyin Girkawa da ya shaƙe zaki ya yafa fatarsa, kuma a Makidoniya ana bauta masa da laƙabin Kynagidas, wato mafarauci. Kan Herakles cikin fatar zaki shi ne a kan kuɗin azurfar da Iskandar ya buga, waɗanda suka yaɗu daga Girka har gabashin daularsa. Mai karatun da ya saba jin fadawa suna gaishe da sarki da kalmar "Zaki" zai lura da ɗan bambanci a nan: sarkin Makidoniya sai ya kashe zakin tukuna, sannan ya ɗauki kamanninsa.

2.1 Abin da Aka Taras a Gabas

Tun kafin Makidoniya ta zama wani abin a zo a gani, farautar zaki alamar sarauta ce a Gabas. Sassaƙen fadar Ashurbanipal a Nineba, na wajen 645 K.M., wanda yake gidan tarihi na Landan, yana nuna ana sako zakuna daga keji, sarki yana harbinsu daga keken doki. Bayi suna nan da masu da karnuka, amma aikinsu tsaro ne. Kisa na sarki ne shi kaɗai. Haka abin yake a hatimin Sarki Dariyus na Farisa. Farisawa sun kewaye manyan dazuzzuka da katanga suna tara namun daji a ciki domin sarki. Kalmarsu ta wannan kewayayyen wuri ita ce Girkawa suka ara ta zama paradeisos, kuma masana asalin kalmomi da dama suna ganin daga wannan tushe ne firdaus ta Larabci ta fito, wadda Hausa ta karɓa a matsayin Firdausi.

A fadar Farisa laifi ne babba a riga sarki suka. Ktesias ya ba da labarin Megabyzus, babban kwamanda kuma surukin gidan sarauta, wanda ya kashe zakin da ya auka wa Sarki Artaxerxes na I. Sarki ya yanke masa hukuncin kisa, sai da aka roƙa sannan aka mayar da shi kora daga ƙasa. Idan aka ajiye wannan kusa da labarin Hermolaus, za a fahimci abin da ya harzuƙa yaran fadar Iskandar. A ganinsu, bulalar alama ce ta cewa sarkinsu ya fara zama irin na Farisa.

Shekara guda kafin haka, a 328 K.M., Curtius ya ce Iskandar ya shiga wani irin wannan daji a Bazaira, a yankin Samarkand, wanda aka yi zuriya huɗu ba a taɓa shi ba. Wani ƙaton zaki ya nufo shi, Lysimachus ya matso da mashi zai tare, sarki ya ture shi gefe ya kashe zakin da suka ɗaya. An ce dabbobi 4,000 aka kashe a wannan fita. Abin lura shi ne abin da ya biyo baya: Makidoniyawa suka yanke shawara cewa kada sarki ya ƙara farauta a ƙasa, ko ba tare da zaɓaɓɓun abokansa ba. Wato shi yana son ya tsaya shi kaɗai a gaban zaki, su kuwa ba su yarda a raba su da wurinsu ba. Wannan ja-in-ja ita ce take kwance a ƙarƙashin duk zane-zanen da za a duba.

3.0 Zanen Hubbaren Vergina

A watan Nuwamba na 1977, masanin haƙo kayan tarihi na Girka Manolis Andronikos ya buɗe wani hubbare a ƙarƙashin babban tudun ƙasa a ƙauyen Vergina, inda tsohon birnin sarauta na Aigai yake. Ɓarayin kabari ba su taɓa shi ba. A ciki an sami akwatuna biyu na zinariya ɗauke da ƙonannun ƙasusuwa, na namiji a babban ɗaki, na mace a ɗakin gaba, tare da sulke da garkuwa da kwanonin azurfa. Shi ake kira Hubbare na II. A saman ƙofarsa akwai zanen fenti mai tsawon mita 5.56 da tsayin mita 1.16, kuma hoton farauta ne.

Zanen ya ci jiki, amma ana iya ƙirga mafarauta goma, uku a kan dawaki, bakwai a ƙasa, da karnuka tara. Daga hagu ana fama da barewa irin mai rassan ƙaho, sannan aladen daji da aka ritsa da masu, sannan zaki, a can ƙarshen dama kuma dabbar nan da ake kira beyar tana fitowa daga cikin duwatsu, wani yana riƙe da raga. A bayansu akwai tsaunuka, da busassun itatuwa, da wani dogon ginshiƙi, da wata bishiya da aka rataya wa ƙyallaye, abin da ya sa ake ganin kurmi ne na ibada. Ba a taɓa haɗuwa da waɗannan dabbobi duka a wuri ɗaya a rana ɗaya, don haka zanen tara farauta iri-iri ya yi a fage guda, daga mai sauƙi zuwa mai haɗari.

Mutum biyu ne suka fi jan ido. Na farko matashi ne a kan doki, a daidai tsakiyar zanen, saman ƙofar sosai, da kambin ganye a kansa, ya ɗaga mashi yana duban wajen zakin. Na biyu shi kaɗai ne mai gemu a cikinsu, yana kan doki a saman zakin, yana shirin sukar da za ta gama da shi. Andronikos ya ce mai gemun Filibus na II ne, matashin kuwa ɗansa Iskandar. Ya kafa hujja, cikin wasu hujjoji, da cewa an nuna gefen hagu na fuskar mai gemun, kuma an san Filibus ya rasa idonsa na dama a yaƙin Methone a 354 K.M.

Ko ma su wane ne, tsarin zanen kansa yana magana. Mai gemun ne zai kashe zakin, wannan babu shakka, amma ba shi ne a tsakiya ba, ba a kuma zana shi ya fi kowa girma ba. Wasu matasa a ƙasa sun kewaye zakin, ɗaya da mashi, ɗaya ya ɗaga gatari, kuma su ne suka fi kusa da faratansa. Mai zanen Nineba ba zai taɓa yin haka ba. A Vergina an bar wa babba sukar ƙarshe, an ba magaji tsakiyar fage, an kuma ba 'ya'yan manya rabonsu na haɗari. Duk wanda ya tsaya a gaban ƙofar a ranar jana'iza, kafin a rufe ta da ƙasa, zai ga gidan sarauta yadda yake so a gan shi: uba, da ɗa, da yaran da za su zama kwamandojin gobe.

3.1 Muhawara a kan Zakin

Ba kowa ne ya yarda da Andronikos ba. Tun a 1980 Phyllis Lehmann ta ce hubbaren na Filibus na III ne, wato Arrhidaeus, ɗan'uban Iskandar mai raunin hankali, wanda aka naɗa sarki da suna kawai a 323 K.M., Olympias mahaifiyar Iskandar ta sa aka kashe shi a 317 K.M., aka kuma binne shi da matarsa a Aigai a shekarar da ta biyo baya. Eugene Borza da Olga Palagia suna cikin waɗanda suka ƙarfafa wannan ra'ayi daga baya. Masu nazarin ƙasusuwa ma sun rabu biyu, kuma har yanzu ba a rufe maganar ba. Tazarar da ake jayayya a kanta shekara 20 ce kawai, daga 336 zuwa 316 K.M., amma a cikin waɗannan shekaru ne aka ci daular Farisa.

A nan ne zakin ya zama shaida. Masu ra'ayi na biyu suna cewa farautar zaki a kan doki, a cikin keɓaɓɓen daji mai dabbobi iri-iri, al'ada ce da Makidoniyawa suka gano a Asiya, saboda haka zanen ba zai riga yaƙin Iskandar ba. Hujjar tana da ƙarfi ta wata fuska, domin gaskiya ne hotunan farautar zaki sun yi ƙaranci a fasahar Girkawa na tsawon lokaci, sannan suka yawaita a ƙarshen ƙarni na 4. Sai dai kuma ba za ta iya tsayawa ita kaɗai ba. Kuɗin Amyntas da aka ambata ya riga haihuwar Iskandar. Hirodotus ya ce zakuna sun auka wa raƙuman rundunar Xerxes a wannan yanki a 480 K.M., ya kuma ce ana samunsu tsakanin kogin Nestos da kogin Achelous. Bugu da ƙari, Makidoniya ta taɓa zama ƙarƙashin Farisa a ƙarshen ƙarni na 6 da farkon na 5, kuma Filibus ya saukar da Farisawa 'yan gudun hijira a fadarsa. Wanda yake son kwaikwayon Farisa ba sai ya jira Iskandar ya je can ba. Zakin dai ba zai raba gardamar shekara ba. Wannan aiki ne na tukwane da ƙasusuwa da fasalin gini.

Akwai wani abu mai ban sha'awa idan ra'ayi na biyu ne daidai. Wanda ya binne Arrhidaeus a 316 K.M. shi ne Kassander, mutumin nan da ya kai shekara 35 yana cin abinci a zaune. Ba shi da jinin sarauta, yana neman gadon mulki, a shekarar ma ya auri 'yar Filibus na II. Idan shi ya ba da aikin zanen, to wanda aka daɗe ana yi wa gorin alade ne ya sa aka zana mafi shaharar hoton farauta a Makidoniya, aka kuma ɗora mashin kisan zaki a hannun sarkin da bai taɓa jagorantar yaƙi ba.

4.0 Magadan Iskandar da Tabon Zaki

Iskandar ya mutu a Babila a 323 K.M. bai bar magaji baligi ba. Kwamandojinsa suka raba daular suna yaƙar juna, kuma yawancinsu ba za su iya cewa daga Herakles suka fito ta gidan sarauta ba. Abin da suke da shi shi ne sun yi zama da marigayin. A wannan lokaci ne hotunan farautar zaki suka yawaita, kuma kusan dukkansu mutum biyu ko fiye suke nunawa.

Misalin da ya fi fitowa fili shi ne na Krateros a Delfi, wurin ibadar da dukan Girkawa suke ziyarta. Plutarch ya ce mutum-mutumi ne na tagulla, aikin Lysippos da Leochares, mai nuna zaki da karnuka, sarki yana fama da zakin, Krateros kuma yana zuwa agaji. Tagullar ta ɓace, amma ɗakin da aka ajiye ta da rubutun da ke bangonsa suna nan. Rubutun ya nuna a Sham aka yi farautar, kuma ɗan Krateros ne ya cika alkawarin bayan an kashe mahaifinsa a yaƙi a 321 K.M. A duba yadda al'amari ya juya: laifin da ya jawo wa Hermolaus bulala, ya kusa cin kan Megabyzus, shi ne Krateros ya sa aka zuba da tagulla domin duniya ta gani. Da sarki yana raye kai masa ɗauki yana iya zama raini, da ya mutu kuwa ya zama takardar shaidar cancanta.

Lysimachus, wanda aka ture a Bazaira, shi ma ya ci moriyar zaki. An ce ya taɓa kashe wani a Sham, aka yage masa kafaɗa har ƙashi, kuma bayan ya zama sarkin Tarakiya ya taɓa nuna wa jakadu tabon faratan zaki a jikinsa. Ya sa hoton zaki a wasu kuɗinsa.

A Pella, babban birnin ƙasar, haƙar da aka fara a 1957 ta fito da manyan gidaje na ƙarshen ƙarni na 4 K.M. masu daɓen tsakuwa. Ƙananan duwatsun kogi masu launi daban-daban ake jerawa a cikin siminti har su ba da hoto, a fitar da layukan jiki da siraran dalma ko gasasshen yumɓu. A ɗaya daga cikinsu matasa biyu sun sa zaki a tsakiya, na hagu da malfa da mashi, na dama ya ɗaga takobi. A wani gidan kuma biyu ne suka danne barewa, ɗaya da gatari mai baki biyu, ɗaya da takobi, kare ya kama ta, kuma an rubuta sunan Gnosis a sama a matsayin wanda ya yi aikin. An sha cewa na farkon Iskandar ne da Krateros, amma babu suna a jikinsa, kuma zato ne kawai. Abin da ya tabbata ya fi zaton amfani: waɗannan ba fada ba ne, gidajen attajiran fadawa ne, kuma a ɗakunan liyafa aka shimfiɗa daɓen, inda baƙi suke kishingiɗa a kewaye da shi. Ke nan mutanen da suka sami izinin kishingiɗa saboda sun soke alade, su ne suke kallon hoton farauta a ƙarƙashin ƙafafunsu. Mafarautan biyu tsayinsu ɗaya, ba a fifita kowa ba.

Salon ya ƙetare har zuwa waɗanda aka ci da yaƙi. Akwatin gawa na farin dutse da Osman Hamdi Bey ya haƙo a Sidon a 1887, wanda yake gidan tarihi na Istanbul, ana kiransa da sunan Iskandar, amma yawancin masana suna ganin na Abdalonymos ne, wanda Iskandar ya naɗa sarkin Sidon. A gefe ɗaya Makidoniyawa da Farisawa suna kashe juna a fagen fama. A ɗaya gefen kuwa sun haɗu a kan zaki guda, wanda ya kama ƙirjin dokin wani mahayi mai tufafin Farisa, mahayan Makidoniya suna zuwa masa agaji ta hagu da dama. Sarkin da ba shi da wata hujjar mulki sai naɗin baƙo ya zaɓi a tuna da shi a matsayin abokin farautar wanda ya naɗa shi.

5.0 Ƙarshen Dazuzzukan Sarki

Gidan Antigonus, wanda ya riƙe Makidoniya daga ƙarni na 3 K.M., ya ci gaba da al'adar. Rubuce-rubucen dutse daga garin Beroia sun nuna akwai mafarautan da ke da alaƙa da ɗakin ibadar Herakles Kynagidas, kuma fada tana sa baki a harkokinsu. Polybius ya ce sarakunan sun keɓe wurare mafi dacewa da kiwon namun daji, suka sa masu gadi.

A 168 K.M. Rumawa suka karya Sarki Perseus a Pydna, sarautar Makidoniya ta ƙare. Saboda yaƙin, an yi shekara huɗu ba a yi farauta a dazuzzukan ba, ko da yake gadi bai tsaya ba, sai dabbobi suka cika su maƙil. Kwamandan Rum, Aemilius Paullus, ya tattara mafarautan sarki ya miƙa su ga ɗansa Scipio, wanda a lokacin bai kai shekara 20 ba, ya ba shi ikon dazuzzukan gaba ɗaya. Polybius, wanda daga baya ya zama abokin farautar Scipio a Italiya, ya ce yaron ya shafe duk zaman rundunar a Makidoniya yana farauta, yana jin kansa tamkar sarki.